Karamar hukuma ta kafa turaku a gonarmu ta gado, kotu za ta iya tsayar da su kafin a yi hukunci?

Dan_Manomi:

Assalamu alaikum yan uwa. Dan Allah masu ilimin shari'a da wadanda suka taba shiga irin wannan hali ku taimaka min da shawara, wallahi abin ya hana mu barci a gida.

Muna da gona a bakin garinmu gefen titin da ya fita zuwa kasuwar kauye. Kakanmu ne ya sare dajin da hannunsa tun kafin a haifi babanmu, Baba ya noma ta har Allah ya yi masa rasuwa, yanzu ni da kannena muke nomawa kuma ba a raba gadon ba tukuna saboda akwai kanana, Inna ta ce a bari su tasa. A ciki akwai dorawa da tsamiya da mangwaron da Baba ya dasa, iyaka kuma gamba ce ta zagaye ta, duk makwabta sun san inda ta fara da inda ta kare.

Bayan mun kwashe dawa sai wata safiya yara suka rugo gida wai ga wasu mutane a gona da abin awo. Kafin mu isa sun kafa turakun siminti sun shafa musu jan fenti, muka tambaya suka ce daga sakatariya aka turo su za a yi tashar mota da rumfunan kasuwa. Ba tamu kadai ba har da gonakin makwabta. Muka je wajen dagaci ya ce shi ma daga sama ya ji, mu yi hakuri za a kira mu. Har yau ba wanda ya kira mu, ba takarda ko daya, ba maganar diyya. Satin da ya wuce kuma sai ga tifa ta sauke yashi a kusurwar gabas wajen tsamiyar, aka kawo bulo, da na tambayi leburorin suka ce wani Alhaji ne ya sayi fegi biyu a hannun karamar hukuma zai gina shaguna. To tasha za a yi ko sayarwa ake yi?

Wani abokina ya ce akwai oda da kotu take bayarwa ta tsayar da aiki tun kafin a gama shari'a. Wasu kuma suna ce min kar in bata kudina, wai kasa ta gwamnati ce duk ranar da ta ga dama ta karba. Mu takardar da muke da ita kawai ta shaida ce da dagaci da hakimi suka sa wa hannu tun Baba yana da rai, ba mu da satifiket. Shin da wannan za a saurare mu? Wace kotu za mu je? Kuma odar gaskiya tana aiki a kan ciyaman ko a takarda take karewa?

Na_Malam:

Wslm. Allah ya jikan mahaifinku. Dan uwa ni dai shawarata ku bi ta lalama, shari'a sabanin hankali ce balle da hukuma, su lauyansu albashi yake karba ku kuwa duk zaman kotu sai kun sayar da buhu. Ku tara masu gonakin gaba daya ku dauki dattawa ku je wajen hakimi ya shige muku gaba wajen ciyaman. A wajenmu da aka yi awo kashe-mu-raba aka yi, aka yanka fegi hukuma ta dauki nata masu gona suka dauki nasu, wasu ma sun fi samun kudi da fegin a kan noman da suke yi. In kuka kai kotu zuciya ta baci shi kenan ko wannan din ba za ku samu ba. Allah ya kawo mafita.

Barista_Arewa:

Wa alaikumus salam. Allah ya jiƙan Baba, ya raya abin da ya bari. Aikin lauya nake yi kuma rikicin fili ya fi komai yawa a teburina, don haka bari in faɗa maka yadda abin yake, amma dole dai ku zauna da lauya ya ga takardarku da idonsa ya je ya ga gonar.

Eh, kotu tana iya tsayar da ƙaramar hukuma, abokinka ya yi gaskiya. Sai dai ka gane abin da odar take yi. Ba za ta ce gona taku ce ba, ba za ta ce tasu ce ba, cewa kawai za ta yi kowa ya janye hannunsa har a saurari shari'a, don kar a wayi gari kun ci shari'a amma babu gonar, sai shaguna. Iri biyu ce. Akwai ta gaggawa wadda lauya yake nema alƙali ya ba shi ba tare da an kira ɗaya ɓangaren ba, wannan ba ta daɗewa, mako ɗaya ko biyu ya danganta da dokokin kotun jiharku. Sai ta biyun wadda ake kiran kowa ya zo a yi muhawara, in aka ba ku ita za ta tsaya har ranar hukunci. Ta gaggawar alƙalai suna taka-tsantsan da ita sosai, tun shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989 Kotun Ƙoli ta ce sai in gaggawa ce ta gaske, ba wadda mutum ya jawo wa kansa da zama yana kallo ba.

Nan ne nake jin tsoro a maganarku. Turaku tun bayan girbi, yanzu yashi da bulo. Lauyan ƙaramar hukuma abu na farko da zai ce shi ne ina kuke duk wannan lokacin. Amsarku tana da kyau, an ce muku ku jira za a kira ku kuka jira, kuma sauke yashi sabon abu ne na satin jiya, amma in kuka ƙara wata biyu a kan haka amsar ta lalace. Kuma kotu ba ta ba da odar hana abin da an riga an gama, in aka kai linta aka yi rufi me za a hana? A bari ya huce shi ke kawo rabon wani. Na_Malam ba ƙarya ya faɗa ba a kan sulhu, ku je wajen hakimi, amma ku je da ƙafa ɗaya ɗayar tana ofishin lauya, tunda shigar da ƙara bai hana a sasanta ba.

Masu cewa ƙasa ta gwamnati ce rabin magana suka ji. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, wadda aka yi zamanin mulkin soja na Obasanjo, ta damƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna ne a matsayin amana ga jama'a. Ita dai wannan dokar a sashe na 36 ta ce duk wanda yake noma gona a karkara tun kafin ta fara aiki zai ci gaba da riƙe ta kamar ƙaramar hukuma ce ta ba shi izini. Gonar da kakanku ya sare ta shiga nan, ko da satifiket ko babu. Kotun Ƙoli kuma tun 1976 a shari'ar Idundun da Okumagba ta nuna takarda hanya ɗaya ce kawai cikin hanyoyi biyar na tabbatar da fili, tarihin yadda aka samo shi hanya ce, daɗewa ana noma shi ba mai tankawa hanya ce. Takardar dagaci da hakimi tana da amfani, amma tsofaffin maƙwabtanku da za su rantse sun ga kakanku yana sara sun fi ta nauyi a wajena.

Ƙaramar hukuma tana da ikon karɓar fili a karkara, sashe na 6 ya ba ta, amma don amfanin jama'a, kuma da sharaɗi. Sai ta biya diyyar abin da ke kan filin, in gona ce kuma dokar ta ce ta ba manomi wata gonar a wani wuri. Tsarin mulkin 1999 ma a sashe na 44 ya ce ba a karɓe wa mutum dukiya sai da diyya cikin gaggawa da damar zuwa kotu. Kotuna sun sha rushe ƙwace fili saboda ba a miƙa wa mai shi sanarwa ba, ku kuma ka ce ko takarda ɗaya ba ku gani ba. Sannan maganar Alhajin nan, in ta tabbata an karɓa da sunan tasha ana sayar wa ɗaiɗaikun mutane, wannan babbar magana ce, a shari'ar Osho ta 1991 Kotun Ƙoli ba ta yarda a karɓe wa wani a miƙa wa wani don kasuwancinsa a kira shi amfanin jama'a ba.

A matakin oda ba sai kun tabbatar gona taku ce ba. Abin da alƙali yake dubawa shi ne akwai magana mai ƙwari da ta cancanci a saurara, sai ya auna wa zai fi cutuwa, ku in aka ƙi ba da odar ko su in aka bayar, sai kuma ya duba ko kuɗi za su iya biyan ɓarnar daga baya. Wannan na ƙarshen shi ne inda ake kayar da mutane da yawa, lauyansu zai ce ai in sun ci sai mu biya su. Don haka takardar rantsuwarku ta fito da abin da kuɗi ba ya mayarwa, gonar gado ce, da ita ake ci da marayu, ɗorawa da tsamiya in aka sare su ba a shekara goma suke dawowa ba.

Ku nemo safiyo mai lasisi ya auna gonar ya fitar da taswira. Alƙali ba ya ba da oda a kan filin da ba a san iyakarsa ba, gamba ta ishe ku ku da maƙwabta amma ba ta isa a rubuta a oda ba. Ku ɗauki hoto da bidiyo na turakun da yashin da bulon da itatuwa yau ɗin nan. Tunda ba a raba gado ba, kai za ka shigar a madadinka da sauran magada, su sa maka hannu sun yarda.

Kotu kuwa babbar kotun jiha za ku je. Kotun tarayya ba ta da hurumin mallakar fili. Kotun yanki ko ta shari'a tana da hurumi a filin karkara, amma tun hukuncin Adisa da Oyinwola a 2000 an tabbatar babbar kotu ma tana da shi, kuma ƙara da hukuma a ciki can ya fi. Abu ɗaya da ke kashe ƙara tun ba a fara ba shi ne sanarwa, dokokin ƙananan hukumomi a jihohi da yawa sun ce sai an rubuta wa ƙaramar hukuma takardar niyyar kai ƙara an jira wata guda. Lauyanku ya duba ta jiharku ya aika da ita gobe-gobe, a kai wa sakatare a buga hatimin karɓa a kan kwafinku. Shi Alhajin mai bulo ba shi da wannan kariyar, shi mutum ne kamar ku, lauya ya san yadda zai yi amfani da wannan.

Dan_Manomi:

Barista Allah ya saka da alheri ya kara daukaka, wallahi na karanta wa Inna har ta yi kuka. Sai dai wasu abubuwa. Damina ta kusa, in aka ce kowa ya janye hannunsa mu ma ba za mu yi shuka ba kenan? Don da wannan gonar muke ci. Na biyu kanina da abokansa sun ce da daddare za su je su tumbuke turakun su watsar da bulon, ina ta hana su amma sun ce ai gonarmu ce. Na uku wani ya ce min in ka karbi oda kuma ka fadi shari'a kai za ka biya hukuma asararta, gaskiya ne? Mu ina muka ga kudin biyan karamar hukuma.

Maman_Ikram:

Kanina kafin Barista ya dawo bari in ba ka labarin namu, mu mun bi wannan hanyar har karshe. Amma da farko ka rike yaran nan, ko da rokon Allah ne ka hada su da Inna ta yi musu magana, ana taba turakun nan yan sanda za a turo, maganar gona ta koma maganar barna da tada hankali, kudin da za ku ba safiyo a wajen beli zai kare.

Namu filin mahaifinmu ne, karamar hukumarmu ta ce za ta yi mayanka. Lauyanmu ya samo oda, ranar mun yi murna kamar mun ci shari'a. Ashe ba a nan take ba. Dan kwangila ya daina zuwa da rana ya koma aiki bayan isha'i da fitilar janareta, da safe mu ga gini ya kara layi biyu. Muka koma wa lauya ya ce akwai takardar gargadi da ake kira fom 48, ita ake fara kai wa wanda ya ki bin oda, in bai daina ba sai fom 49 ya zo ya fadi dalilin da ba za a daure shi kan raina kotu ba. Aka kai ta farko masinjan kotu ya ajiye wa wani akawu a sakatariya, da aka zo zama lauyansu ya ce ciyaman bai gani ba, alkali ya ce da gaskiyarsa wannan takardar hannu da hannu ake bayarwa. Sai da aka sake, yayana ya dauki masinjan a mashin suka yi ta zaman jira a bakin get har aka mika wa mai ita, aka mika wa dan kwangilar tasa shi ma. Daga ranar aiki ya tsaya cak. Don haka tambayarka ko tana aiki a kan ciyaman, tana yi, amma ba da kanta take tafiya ba sai kun bi ta da kafa.

Wani abu da ya taimake mu sosai, yayana ya sa aka yi allon karfe aka rubuta wannan fili yana gaban kotu da lambar karar, aka kafa a bakin titi, kwafin odar kuma aka saka a leda aka manna. Wadanda suke zuwa neman fegi a gefen mayankar duk suka gudu, ba mai son zuba kudinsa a rigima.

Gaskiya kuma shari'ar ta ja mu shekaru. Aka canza ciyaman, aka daga alkalin zuwa wani gari aka ce a faro daga farko, yau lauyansu ba shi da lafiya gobe ana yajin aiki. Daya daga cikin tsofaffin da za su ba mu shaida ya rasu kafin a zo kansa, wannan har yau yana min ciwo, ku roki lauyanku ya fara gabatar da mafi tsufa. Karshenta sulhu aka yi, suka ba mu wani fili suka biya itatuwa, aka rubuta aka kai gaban alkali ya mayar da shi hukunci. To Na_Malam ka ga sulhun da kake fada shi muka yi, amma kafin odar ko kujera ba a ba mu a sakatariya, bayan ta tsayar musu da aiki su suka aiko a kira mu.

Tsohon_Maaikaci:

Salamu alaikum. Ni a sashen filaye na wata karamar hukuma na yi aiki har na yi ritaya, bari in fada muku yadda abin yake ta daya bangaren don kar yaron nan ya tafi kotu da zaton an gama.

Barista ranka ya dade ban ki taka ba amma maganar sayar wa mutane ba kullum take zama hujja ba. A cikin ita dokar 1978 din inda aka lissafa abin da ake kira amfanin jama'a har da tsara sabon matsuguni a birni ko karkara. To in akwai taswirar tsari da aka amince da ita, tasha a tsakiya shaguna a gefe, za su ce shagunan cikin tsarin suke. Na ga alkalai da suka ki tsayar da aiki saboda asibiti ne ko makaranta kuma an riga an ba dan kwangila kudi, sai su ce a gaggauta shari'ar kawai. Abin da zai raba gardama fayil ne. Kowace karamar hukuma doka ta ce ta kasance da kwamitin ba da shawara kan rabon filaye, in da gaske aka yi abin za a ga zaman kwamitin a rubuce, a ga taswira, a ga lissafin diyya da sunayen masu gonaki. In babu ko daya to wasu ne kawai suka hada kai da masu awo, kuma wannan yana faruwa, na gani da idona.

Sai abin da mutane ba su cika dubawa ba. Dana ka ce gonar a bakin gari take. Ku je ma'aikatar kasa ta jiha ku tambaya ko wurin ya shiga cikin yankin da gwamna ya ayyana a matsayin birni, don hedikwatar kananan hukumomi da yawa an ayyana su da kewayensu. In ya shiga to karamar hukuma ba ta da ikon karba ko rabawa sam, na gwamna ne, takardar da aka ba Alhajin ma ba ta da kafa.

Diyya kuma kar ku sa rai da kudin kasa, abin da ke kanta ake biya, itace da amfanin gona da rijiya da gini. Ku kirga itatuwanku daya bayan daya da hoto a gaban mai unguwa kafin gireda ta shiga, in ta share ba mai yarda da bakinku. Wata gonar da Barista ya ce doka ta tanada gaskiya ne tana rubuce, amma ban taba ganin an bayar ba a nema ba. Kuma ina rokonku kar wanda ya sa hannu ko ya dangwala a wata takarda, kar a karbi ko sisi ko an ce na goro ne, sai lauya ya karanta. Sau da yawa takardar da ake cewa ta sunayen masu gona ce, a samanta an rubuta mun karbi diyya mun yarda.

Barista_Arewa:

Baba Tsohon Ma'aikaci Allah ya ƙara girma, gyaranka daidai ne, tsara matsuguni yana cikin dokar kuma shi za su riƙe. Abin da nake cewa shi ne ko da tsarin na gaske ne bai ɗauke musu sanarwa da diyya ba, kuma a matakin oda wannan saɓanin kansa, tasha aka ce amma ga fegi a hannun mutum, ya isa a ce akwai abin saurare. Fayil ɗin da ka ambata lauya zai iya sa kotu ta umarce su su kawo shi. Maganar iyakar birni kuwa ita ya kamata a fara dubawa ma, don tana iya canza waɗanda za a yi ƙara.

Ɗan_Manomi, shuka. Yadda aka rubuta roƙon shi ne komai. Ku ne a cikin gonar kafin rigima ta taso, don haka lauya ya roƙi a hana su shiga da gini da sayarwa da sare itace, kar ya roƙi a hana kowa shiga. Wani lokaci alƙali yakan ce kowa ya tsaya a matsayinsa kawai, in ya faɗi haka lauyanku ya miƙe a take ya nemi a rubuta cewa noman damina yana cikin matsayin da ake ciki. Ku dai kar ku yi gini ko ku sayar da wani yanki.

Ƙaninka ka gaya masa odar nan alƙali ba dole ne ya bayar ba, yana duba halin mai nema, wanda ya je ya farfasa bulo da dare ya ba abokin shari'arsa makami. Dokar da ta hana shi ita ta hana hukumar ma. A 1985 gwamnatin soja ta Legas ta fitar da Ojukwu, tsohon jagoran Biyafara, da ƙarfi daga gidan da yake ciki a Ikoyi alhali magana tana gaban kotu, aka ce ta mayar da shi ta ƙi, ta tafi Kotun Ƙoli, a 1986 Kotun Ƙoli ta ƙi biya mata buƙata saboda tana cikin saɓa umarni. Zamanin soja ke nan. Har yau da wannan hukuncin muke tsayawa gaban alƙali in hukuma ta ci gaba da aiki bayan an kai mata sammaci. Wanda ya sayi fili ana cikin shari'a a kansa kuma ya sayi rigima, duk yadda hukunci ya faɗa a kansa zai faɗa.

Maganar biyan asara gaskiya ce amma ba yadda aka ba ka tsoro ba. Za ka sa hannu a alƙawarin cewa in ya bayyana bai kamata a ba ka odar ba za ka biya ɓarnar da ta jawo. Yawanci alƙawari ne a rubuce ba kuɗi ake ajiyewa ba, kuma ba faɗuwa shari'a kawai ke sa a biya ba, sai sun nema sun kuma tabbatar da asarar. Abin da zai cuce ka shi ne ƙarya ko ɓoye wani abu a takardar rantsuwa, musamman a ta gaggawa da ɗaya ɓangaren ba ya nan. In akwai wani a gidanku da ya taɓa zama da su ko ya karɓi wani abu, ka gaya wa lauya tun yanzu.

In kuɗin lauya ne matsala ku haɗu da maƙwabta ku ɗauki guda ɗaya, kowa da taswirar gonarsa. Ku leƙa ofishin hukumar ba da tallafin shari'a ta ƙasa da ke babban birnin jiharku ku ji ko za su karɓa. Hukumar sauraron koke-koken jama'a ma tana karɓar irin wannan kyauta, sai dai ba ta da ikon ba da oda kuma ba ta taɓa maganar da ta riga ta shiga kotu.

Dan_Manomi:

Na gode kwarai Barista, na gode Baba, na gode Yaya Maman Ikram, Allah ya biya ku. Na yi magana da makwabta mutum hudu sun yarda mu hada kudi, safiyo zai zo ranar Asabar. Amma makwabcinmu na kudu yanzu yake gaya min shi an kira shi sakatariya tun watan jiya ya dangwala a wata takarda an ba shi dan wani abu, bai san me aka rubuta ba don ba ya karatun boko. Shi ma zai iya shiga cikinmu ko zai bata mana?

Barista_Arewa:

Kar ku sa shi cikin masu neman odar tukuna. Ku kai shi wajen lauya ya ba da labarin yadda aka yi, wa ya kira shi, nawa aka ba shi, an karanta masa takardar da Hausa ko ba a karanta ba, don akwai dokar da ke kare wanda bai iya karatu ba in aka sa shi ya dangwala ba a fassara masa ba. In ya dace a yi masa tasa ƙarar daban. Ku kuma zai yi muku amfani a matsayin shaida, tunda an san hanyar kiran mai gona a sakatariya aka kira shi ku ba a kira ku ba. Ranar Asabar ka tabbata maƙwabtan iyaka huɗu suna tsaye lokacin da safiyo yake awo, mai unguwa ma in zai zo ya zo.